Wanda Sarki Ya Taɓa

Wajen ƙarfe goma na safe ne, ranar Lahadi, ana yayyafi mai sanyi irin na watan Maris, wanda ba ya jiƙa mutum nan take sai ya daɗe a cikinsa. An idar da ibada a coci, amma Fada ya ce kada magidanta su watse, akwai takarda daga sarki. Kowa ya riga ya san abin da ke cikinta, don mako biyu ke nan ana zancenta a wurin niƙa. Sarkin Faransa ya kira wakilan ƙasa taro, abin da ko kakanninmu ba su gani ba, ya kuma ce kowane ƙauye ya rubuto kukansa.

Ni ba na cikin masu magana. Sai wanda ya kai shekara ashirin da biyar kuma yake da gidan kansa, ni kuwa ashirin nake, aikina datse rassan inabi a gonakin mutane. Kawu Sulpice ne, wan mahaifiyata kuma mai unguwarmu, ya ce in tsaya. Bai faɗa mini dalili ba.

Sunana Lubin, amma a Vaurenne ba a cika kirana da shi ba. Wanda Sarki Ya Taɓa ake ce mini.

Ina da shekara shida kumburin wuyan nan ya kama ni, wanda muke ce wa ciwon sarki. Wuya ya yi gululu, ya fashe, ya riƙa zubar da mugunya. A shekarar aka naɗa sabon sarki a Reims, kuma al'ada ce in an shafa wa sarki tsarkakken mai ya fito ya taɓa masu irin wannan ciwo. Mu bakwai muka tafi daga ƙauyenmu. Babana ya riga ya rasu, saboda haka Mama ce ta goya ni, kwana huɗu a ƙafa. Abin da na riƙe na ranar kaɗan ne. An jera mu a durƙushe cikin wani lambu, rana na dukanmu, wani ya riƙe mini hannuwa, wani ya riƙe mini kai. Yatsu masu sanyi suka bi ta fuskata, aka ce sarki ya taɓa ka, Allah ya warkar da kai. Ban ga fuska ba, takalma dai na gani.

Da muka dawo Mama ta ce na warke. Ta ɗaure mini wuya da ƙyalle, wai don sanyi, har shekara biyu. Ran da ta kwance shi sai ga tabo busasshe, mutane suka zo kallo har daga ƙauyukan maƙwabta. Tun daga nan, duk ranar ɗaya ga Mayu, idan za a zaga gari da gunkin waliyyi, ni ke gaba da babban kyandir, wuyan riga a buɗe. Mata kan kawo jarirai su ɗora hannunsu a kan tabon. Mama, wadda wankau take yi a gidajen mutane, aka ba ta wurin zama a sahu na biyu a coci, kusa da matar mai niƙa. Ba ta da gona, ba ta da saniya. Wannan sahun shi ke nan abin da take da shi.

Akwai abin da gari bai sani ba. Cikin shekara biyun nan, kusan kullum da asuba, Baba Firmin wanzami kan shigo mana ta bayan gida, ta cikin kabeji. Ya tsaga, ya matse, ya wanke da ruwan inabi mai tsami. Shi ya ce a riƙa ba ni nonon akuya a kuma zaunar da ni a rana bayan shinge. Mama ta sa ya rantse da kabarin babana ba zai faɗa wa kowa ba. Su biyun sun ɗauka na yi ƙanƙanta da tunawa. Ban manta ba. Har yau in na ji warin tsamin nan sai wuyana ya motsa. Ban dai taɓa ta da maganar ba, ba a kuma taɓa tambayata ba.

Baba Firmin tsohon soja ne, kunnensa ɗaya ba ya ji. Shi ke aski, shi ke cire haƙori, shi ke ɗori. Yana da wasu littattafai da aka hana sayarwa, yana ɓoye su ƙarƙashin ciyawar akurkin kajinsa, abin da kowa ya sani har da Fada. Yakan bari sai ya ɗora wa mutum aska a maƙogwaro sannan ya fara ba shi labarin abin da ya karanta, don a lokacin ba mai yi masa musu. Duk abin da aka faɗa a gabansa, ko na maita ne ko na fatalwa, tambayarsa biyu ce: wa ya gani, kuma guda nawa? Har aka laƙaba masa Baba Guda-Nawa.

Aka ajiye tebur a cikin coci, can gaba, magatakardan da aka turo daga birni ya zauna, ya fere alƙalaminsa. Magidanta wajen hamsin. Matan da mazajensu suka mutu suna da izinin zama, suka taru a baya, Mama na cikinsu.

Da farko abin ya tafi sumul. Ba wanda ya yi gardama a kan harajin gishiri. Ba wanda ya yi gardama a kan aikin hanya da ake kwasarmu mu yi a tsakiyar girbi. Da aka zo kan tattabarun basaraken da ke da gandun garinmu, waɗanda ke tsince iri tun ba mu bar gona ba, kuma in ka jefi ɗaya a ɗaure ka, sai da magatakarda ya roƙi a riƙa magana ɗaya bayan ɗaya. Rigimar a kan mabuɗin takardar ta taso.

Kawu Sulpice ya zo da nasa a rubuce. Ya karanta a hankali, yana bin layi da yatsa. Mu talakawan Vaurenne, a durƙushe gaban ubanmu sarki, wanda Allah ya ɗora da hannunsa, wanda ba ya amsa tambayar kowa sai ta Allah, muna roƙon ya dube mu da idon rahama. Wasu suka gyaɗa kai, suka ce ya yi daɗin ji.

Baba Firmin ya juyo da kunnensa mai ji, ya ce a maimaita. Da aka maimaita sai ya ce in mutum ba ya amsa tambayar kowa, to mene ne amfanin aika masa da takarda? Ya ce shi abin da yake so a sa a farko shi ne kada a ƙara ɗora haraji ko kafa doka sai wakilan jama'a sun yarda, kuma doka ta hau kan sarki kamar yadda ta hau kan kowa.

Kawu ba mugun mutum ba ne. Tsoro yake ji, ya kuma faɗa a fili: takardar nan da sunayenmu za ta tafi, in abin ya juya, sojan da za a turo ba zai tambayi wa ya fara magana ba.

Baba Firmin ya ce bari ya kawo misali. Duk shekara bayan girbi gari kan taru a zaɓi wanda zai yi kiwon shanun kowa da kowa. Muna ba shi sanda, muna ba shi hatsi, in ya ce a fito da shanu a fito da su, ba musu. Amma shanun ba nasa ba ne, kuma in uku suka ɓace sai ya tsaya nan gaban teburin ya yi bayani. Ya ce masu tunani da suka zauna suka bi asalin mulki daki-daki, iyakar abin da suka samu ke nan. Mutane ne suka yarda su miƙa wa mutum guda sanda don amfanin kansu, kuma wanda ya miƙa sanda yana da bakin tambaya.

“Wato sarkin Faransa kake haɗawa da Mathurin mai shanu?” in ji Kawu.

Mathurin na jingine da ginshiƙi a baya, ya ce, “In za a yi musayar ni na yarda, a haɗa mini da takalman kawai.”

Aka yi dariya, har Fada ya rufe baki da hannu. Kawu ya jira ta lafa. Sannan ya ce akwai bambanci guda tsakanin sarki da Mathurin, wanda duk littattafan akurkin kaji ba za su goge ba. Hannun Mathurin ba ya warkar da kowa. Hannun sarki yana warkarwa, kuma wannan ita ce shaidar da Allah ya bayar cewa shi ya ɗora shi, ba taron ƙauye ba.

“Guda nawa?” in ji Baba Firmin.

Wani ya ce, “To, an fara.”

Ya ce bakwai suka tafi Reims daga garin nan, a lissafa. Ba a buƙaci littafin Fada ba, kowa ya san su. Biyar suna kwance bayan wannan bangon, duk cikin shekara uku da dawowa aka binne su. Ta shida ita ce Toinon, ga ta nan a gari, har yau wuyanta a naɗe yake, ba ta kuma yi aure ba.

Kawu ya ce taɓawa ba ta aiki sai da imani, wanda nasa ya gaza ba laifin sarki ba ne.

Baba Eloi, mai gyaran ganguna, wanda 'yarsa na cikin biyar ɗin, ya ɗago kai. Ya ce, “'Yata shekara huɗu gare ta, Sulpice. Wane imani ne ya gaza mata?”

Kawu ya kau da kai daga gare shi. Ya waiwayo ya yafito ni. A nan na gane abin da ya sa ya ce in tsaya. Na taka zuwa gaban teburin, ya buɗe mini wuyan riga da kansa, ya juya ni kowa ya gani. Ya ce guda ɗaya ya isa shaida. Sannan ya ce wa Baba Firmin tunda shi ne wanzami, ya zo ya duba, in ba warkewa ba ce ya faɗa.

Baba Firmin ya matso. Ya ɗora babban yatsa a kan tabon, ya bi shi daga sama zuwa ƙasa, daidai inda askarsa ta bi. Ya ce ya warke sarai.

“Wa ya warkar da shi?”

Ya ɗaga ido ya dubi bayan coci, inda matan suke. Sannan ya sauke hannu ya ce, “Ba ni da abin cewa.”

Wannan karon dariyar da aka yi ta fi ta ɗazu. Wani ya ce yau dai Guda-Nawa ya ƙirga har ya kai inda ba ya so. Wani ya ce a kai masa kajinsa su taya shi. Ya koma ya zauna, ya ɗora hularsa a gwiwa. Magatakarda ya tsoma alƙalami a tawada, ya ce to a durƙushe ke nan za a fara.

Ni dai ina tsaye, wuya a buɗe, iska na shigowa ta ƙarƙashin ƙofa. Ba wanda ya tambaye ni kome, kuma da na yi shiru da shi ke nan. Ban san kome game da asalin mulki ba, karatuna bai wuce in gane sunana a rubuce ba. Na dubi Mama, ta sunkuyar da kai, hannayenta da wanki ya farfasa suna kan cinyarta. Na san abin da zan ɗauke mata in na buɗe baki. Sai na dubi Baba Eloi. Shekara goma sha biyu ke nan duk ranar ɗaya ga Mayu ina wuce ƙofar gidansa da kyandir, yana tsaye yana cire mini hula. Ban taɓa tunanin abin da yake cewa a ransa game da 'yarsa ba sai a ranar.

Na ce, “Kawu, ba a Reims na warke ba.”

Bai ji da kyau ba, ya ce in maimaita. Na maimaita. Daga nan na faɗi sauran, a hankali, don ni ba mai saurin magana ba ne. Na ce mun dawo ciwon yana nan, har ya ƙaru. Na faɗi ƙyallen, da asubar, da askar, da nonon akuya. Na ce Baba Firmin ya rantse ne shi ya sa ya yi shiru, ni kuwa ba a sa ni rantsuwa ba. Na ce Mama ta goya ni kwana huɗu zuwa, kwana biyar dawowa, ta kuma yi shekara biyu tana wanke tsummoki a ɓoye, in akwai wanda za a cire wa hula to ita ce. Wannan na ƙarshen na ɗauka zai rage mata zafi. Bai rage ba.

Ta miƙe. Duk cocin ya juya yana kallonta. Ta gyara mayafinta ta ce, “Lubin, rufe wuyanka, akwai sanyi.” Ta fita cikin yayyafin, ƙofar ta koma ta rufe da kanta.

Kawu ya zauna. Fada ne ya ce Allah yana warkarwa ta hannun da ya ga dama, wanzami ma halittarsa ne, kuma rana tana yi, a gama takardar. Aka yi ta ja-in-ja har bayan azahar. A ƙarshe aka bar ubanmu sarki, don mutane sun ce ba su da rigima da shi. Aka cire durƙuson, aka cire cewa ba ya amsa tambayar kowa. Maganar Baba Firmin ta shiga, amma ba a farko ba, ta bakwai aka sa ta, a bayan tattabaru. Waɗanda suka iya rubutu suka sa suna, sauran suka yi alama. Baba Eloi ne ya fara. Kawu ya sa nasa a ƙarshe, ya danna har alƙalamin ya tsage.

A waje Baba Firmin ya tare ni. Na zaci zai yi murna. Ya ce shekara goma sha huɗu yana riƙe da alkawarin nan, ni na zubar da shi kafin tawada ta bushe a bakin alƙalami. Ya ce shi bai roƙe ni ba. Na ce na sani. Sannan ya ce gashina ya yi yawa in zo ranar Asabar, ya tafi.

A gida Mama ba ta yi faɗa ba. Da ta yi, da ya fi mini sauƙi. Ta dafa miyar kabeji kamar kullum, ta yanka burodi ta ajiye mini nawa a gefen tebur. In akwai abin da ya zama dole, kamar itace ya ƙare ko akuya ta tsinke, sai ta faɗa wa bango, ni kuma in tashi in yi. Lahadin da ta biyo ba wanda ya tashe ta daga sahu na biyu. Ita da kanta ta wuce shi ta je ta zauna can baya kusa da ƙofa. Matar mai niƙa ta daina ba ta wanki, wasu biyu suka bi sahunta. Wasu kuma da ba su taɓa ba ta ba suka fara aikowa, ba su ce don me ba.

Takardarmu ta tafi birni aka haɗa ta da na sauran ƙauyuka. Abin da ya biyo baya kowa ya ji. Da rani ya tsaya labari ya zo cewa wakilan talakawa sun ƙi watsewa da aka ce su watse, daga baya kuma mutanen Paris suka fasa babban kurkukun sarki. A watan Agusta aka ce tattabaru ba su da sauran alfarma, mako guda ba gidan da ba a ci naman tattabara ba a Vaurenne. Baba Firmin ya fito da littattafansa daga akurki ya jera su a kan taga, duk sun yi warin kaji. Kawu ya daina yi mini magana kwata-kwata, sai lokacin tsinkar inabi da yake neman hannu. Ban san ko maganarmu ta bakwai ta isa kunnen wani a can ba. Baba Firmin ya ce ƙauyuka da yawa sun rubuta irinta. Na tambaye shi guda nawa, ya ce in daina motsi aska na wuyana.

Shirun Mama kuwa ya kai har kaka. Wata safiya bayan an gama tsinkar inabi, na fito zan tafi wurin matse inabi, na tarar da ita zaune a bakin ƙofa da buhun gari a cinya, ya yage a gindi. Tana riƙe da allura ta ɗaga ta wajen haske, tana kai zare yana wucewa ta gefe. Ta lashi bakin zaren ta sake, ya sake wucewa. Ban san idonta ya yi rauni haka ba. Na wuce har na kai shinge, sai na dawo. Na tsuguna na miƙa hannu. Ta ɗan riƙe allurar kamar ba za ta saki ba, sannan ta saki. Na zura zaren, na ja shi ya yi tsawo, na ƙulla bakinsa, na soke allurar a jikin buhun kusa da hannunta.

Ta zare ta ta fara ɗinki. Na ɗauki kwandona na tafi.